Rajista Ba Ta Mai Da Ruwa Magani

A shekarar 1992 gwamnatin soja ta Janar Ibrahim Babangida ta sa hannu a kan wata doka mai lamba 78, wadda da wuya a sami mutum guda a kasuwar Batsari ko ta Runka da ya taɓa jin labarinta, alhali kuwa ta shafi ran ɗansa. Dokar gyara ce ga wata da ta riga ta, mai lamba 23 ta 1988, wadda ta tsara aikin Hukumar Likitoci da Likitocin Haƙori ta Nijeriya, watau MDCN, hukumar da ke riƙe da littafin sunayen duk wanda ya halatta a kira shi likita a ƙasar nan. Abin da gyaran ya yi shi ne ya aza wa hukumar sabon kaya: ta riƙa lura da masu aikin homiyofati da sauran hanyoyin magani na daban, ta kuma sa musu linzami. Tun daga ran nan masu wannan sana'a suka rabu gida biyu, masu rajista da marasa rajista, kuma duk ja-in-jar da ake yi tsakaninsu da hukuma a kan wannan rabo take tafiya. Wannan ya ce shi na halal ne don sunansa na cikin littafi, wancan ya ce an hana shi shiga ne don hassada. Mu ɗaliban da muka fito daga ƙasar Ruma muna cewa an sa rigar a baibai. Kafin a tambayi mutum ina takardarsa, kamata ya yi a fara tambayarsa: mene ne a cikin kwalbar?

Tilas mu tsaya mu warware wannan kalma ta homiyofati, domin kuwa rabin cinikin masu ita ya dogara ne ga nauyinta a baki. Talaka ya ji kalma mai gaɓa biyar daga bakin mai farar riga, sai ya ɗauka wani reshe ne na ilmin likita da bai kai ga saninsa ba. To, ga asalinta. Wani likita Bajamushe ne, Samuel Hahnemann, wanda ya rayu daga 1755 zuwa 1843, ya ƙago ta, ya fara bayyana ta a 1796. Ya sha ɓawon itacen da ake samun kwinin daga jikinsa alhali yana lafiya lau, ya ji jikinsa ya yi wani abu mai kama da zazzaɓi, sai ya yanke hukunci cewa duk abin da ke jawo alamar cuta ga mai lafiya, shi ne zai warkar da wannan cuta ga majinyaci. Da yake da yawa daga cikin abubuwan da ya gwada dafi ne, sai ya shiga sirka su da ruwa. Daga nan ya zo da ƙa'ida ta biyu, wadda ta fi ta farko ban mamaki, cewa wai gwargwadon yadda aka tsinka magani da ruwa ana girgizawa, gwargwadon yadda ƙarfinsa ke ƙaruwa.

'Yan'uwa masu karatun kimiyya, ku ɗauko alƙalami mu yi lissafin tare, kada a ce ƙage muka yi. Ana ɗaukar ɗigo 1 na abin da ake kira maganin, a zuba cikin ɗigo 99 na ruwa ko giyar sinadari, a girgiza. Zagaye na ɗaya ke nan. A ɗebi ɗigo 1 daga cikin wannan, a sake zubawa cikin sabon ɗigo 99, a girgiza. Zagaye na biyu ke nan. Da an kai zagaye na 8, an yi kwatankwacin a ɗiga ɗigo guda a madatsar ruwa ta Zobe da ke kusa da Dutsin-ma tana cike maƙil, a dama, a ɗebo cokali. A zagaye na 13 kuwa, kwatankwacin ɗigo guda ne a cikin dukan tekunan duniya. Tun wajen zagaye na 12 ilmin haɗa sinadarai ya nuna cewa da wuya a sami ko ƙwayar zarra guda ta ainihin abin da aka fara da shi. Amma kwalbar da aka fi sayarwa an rubuta mata 30C, watau zagaye 30, watau kashi ɗaya cikin adadin da ake rubutawa da 1 da sifiri 60 a bayansa. Wannan ruwa ne ake ɗigawa a kan 'yan ƙwayoyin sukari, a bari su bushe, a zuba a kwalba, a manna takarda da sunan Latin. Wace mata ce a Wagini za ta yarda a sayar mata da nono da aka yi wa irin wannan sirki? Da tuni ta tara wa mai tallan jama'a.

Ba mu zargin Hahnemann da mugun nufi. A zamaninsa likitocin Turai tsaga jijiya suke yi su tsiyaye jinin majinyaci, su ɗura masa sinadarai masu guba, har wanda aka bari da ruwa da sukari ya kan fi wanda aka yi wa magani tsawon kwana. Bai san ƙwayoyin cuta ba, don ba a tabbatar da aikinsu ba sai bayan rasuwarsa. Uzurinsa ke nan. Wanda ke sayar da wannan ruwa yau ba shi da wannan uzuri.

Domin kuwa an auna abin, an sake aunawa, a ƙasashen da suka fi mu kuɗin bincike, waɗanda kuma ba su da wata ƙiyayya ga ɗan'uwansu Bature. A 2006 gidan talabijin na BBC ya tura wakilai a ɓoye wuraren masu homiyofati a Landan, aka kama su suna ba masu shirin zuwa Afirka ƙwayoyin sukari a matsayin rigakafin zazzaɓin cizon sauro, har sai da shugaban asibitin homiyofati na Landan da kansa ya fito ya ce babu dalilin zaton abin yana hana wannan cuta. A 2009 Hukumar Lafiya ta Duniya ta yi kashedi kada a dogara da homiyofati wajen tarin fuka, da ƙanjamau, da zazzaɓin cizon sauro, da gudawar jarirai. A 2010 wani kwamitin Majalisar Dokokin Ingila ya ce aikinsa bai wuce na ƙwayar da babu kome a cikinta ba. A 2015 hukumar binciken lafiya ta Ostareliya ta tattara gwaje-gwajen da aka yi, ta ce ba ta sami ko cuta guda da ke da ingantacciyar hujjar cewa homiyofati na maganinta ba. A 2017 hukumar asibitocin gwamnatin Ingila ta ce a daina kashe kuɗin jama'a a kansa. Ƙungiyar masu homiyofati ta garzaya Babbar Kotu tana ƙalubalantar hukuncin, kotu ta kori ƙarar a 2018. Faransa, inda ɗaya daga cikin manyan kamfanonin yin waɗannan ƙwayoyi yake, ta janye tallafin inshorar lafiya daga kansu gaba ɗaya a farkon 2021. Masu abu sun yar, mu kuma muna nan muna gardamar wa ya cancanci lasisin tsinta.

Mu komo gida, mu duba linzamin da aka ce an sa. Doka ta ba MDCN makamai biyu, Kwamitin Bincike da Kotun Ladabtarwa. Idan likita ya yi sakaci, a kai kuka ga kwamitin, ya bincika, in ya ga akwai abin tuhuma ya miƙa wa kotun, ita kuma tana iya gargaɗinsa, ko ta dakatar da shi, ko ta soke sunansa daga littafi. In bai gamsu ba ya tafi Kotun Ɗaukaka Ƙara. Tsari ne mai kyau a takarda. Amma ku lura da inda gizo ke saƙa: mafi girman horon da ke hannun wannan kotu shi ne soke suna. To, yaya za a soke sunan wanda ba a taɓa rubuta sunansa ba? Likitan da ya yi shekara shida a Jami'ar Ahmadu Bello ko ta Bayero, ya yi shekarar koyon aiki, yana biyan kuɗin sabunta lasisi kowace shekara, shi ne hannun hukuma ke iya kaiwa gare shi. Wanda ya yi wata uku a wani ɗaki a saman bene, ko ya sayi takardar shaida ta intanet, ya sa aka rubuta masa allo da sunan Dokta, wannan ya fi ƙarfin Kotun Ladabtarwa, don ba ɗanta ba ne. Nasa sai 'yan sanda da kotun majistare.

Can ma akwai abin dariya mai sa kuka. Sashe na 17 na dokar, kamar yadda take a kundin dokokin Tarayya na 2004, ya ce laifi ne wanda ba shi da rajista ya yi aikin likita don a biya shi, ko ya ɗauki laƙabin da zai sa a zaci likita ne. Horon kuwa, in a ƙaramar shari'a ce, tarar Naira 5,000. In an kai ga babbar tuhuma, Naira 10,000 ko ɗaurin da bai wuce shekara 5 ba, ko duka biyu. Naira 5,000 a 1988 dukiya ce, albashin ma'aikaci ne na watanni da yawa. A yau kuɗi ne da mai asibitin bogi ke tarawa kafin azahar. Wanda aka ci shi wannan tara ya biya harajin kasuwa ne kawai, gobe da safe ya buɗe shago.

Wannan sashe yana da wata ƙofa da ya bari a buɗe da gangan, kuma ita ce 'yan sojan gona suka fi so. Ya ce wanda jama'ar garinsu suka shaida cewa ya koyi irin maganin da aka gada a wannan al'umma, ba laifi ba ne ya yi aikinsa, muddin bai shiga yanka jikin mutum ba, bai kuma ba da miyagun ƙwayoyin da doka ta killace ba. An yi wannan sassauci ne domin maɗori, da ungozoma, da mai saiwa da sassaƙe, waɗanda kowa ya san gidansu, ya san uban da ya koya musu, ya san ƙafar wa suka ɗora ta miƙe, ta wa kuma ta karkace. Shaidar unguwa ita ce rajistarsu, kuma rajista ce mai tsanani, don wanda ya ɓata ba shi da inda zai sa kansa. Amma shin a wane gida na Ruma ko Safana ko Zakka aka gaji homiyofati? Kakan wa ya yi shi? Daga Jamus ya fito, ya bi ta Ingila da Indiya, ya iso mana cikin kwali. Sai ga mai shi, in yana gaban talaka Dokta ne mai farar riga da abin awo a wuya, in ɗan sanda ya tsaya a ƙofa nan take ya zama mai maganin gargajiya. Jemage ke nan, shi ba tsuntsu ba, shi ba dabba ba, kuma kowace fuska ya juya kuɗi take kawo masa.

Kada kuma a ɗauka marasa takarda kaɗai ne ke tafka wannan ɓarna. Ma'aikatar Lafiya ta Tarayya da kanta ta mallaki wata kwaleji a Abuja mai suna FEDCAM, ta koyar da homiyofati da 'yan'uwansa. A 2010 Hukumar Jami'o'i ta Ƙasa, watau NUC, ta rufe ta saboda tana gudanar da karatun digiri ba da izini ba. Ku sake karanta wannan jimla. Hannun dama na gwamnati ne ya kama hannun hagu da aikin da ba rajista. Ɗaliban da suka biya kuɗi, 'ya'yan talakawa irinmu masu neman abin yi, su aka bari da takardu a hannu suna yawon ofisoshi. Mun tausaya musu ƙwarai, domin su ma an sayar musu da ruwa ne a kwalba. Amma a lura, laifin da aka kama kwalejin da shi na rashin izini ne. Babu wanda ya rufe ta don abin da take koyarwa ya saɓa wa darasin sinadarai na aji huɗu na sakandare. Da ta cika takardunta, da ta ci gaba da yaye masu digirin girgiza ruwa, da hatimin Tarayya a ƙasan kowace shaida.

To, duk wannan shari'ar Abuja ce. Me ya rage daga cikinta in an bar Katsina an nufi yamma? Ƙasar Ruma ƙasa ce da ke jingine da dajin Rugu, kuma babu mai karanta wannan mujalla da ke bukatar a gaya masa abin da wannan maƙwabtaka ta jawo. A watan Fabrairu na 2020 an kashe mutum 30 a ƙauyukan Tsauwa da Dankar na Ƙaramar Hukumar Batsari a hari guda. A watan Satumba na 2021 aka katse layukan waya a ƙananan hukumomi 13 na Jihar Katsina, har da Batsari da Safana, watanni mutum ba shi da halin kiran mota ko da matarsa na naƙuda. A waɗannan shekaru malaman asibiti da yawa sun bar ƙauyuka, kuma ba mu ga laifinsu ba, rai guda ne. Ko bayan zaman sulhun da aka yi a 2025, ɗakin shan magani da ya yi shekaru a kulle ba ya cika da ma'aikata da magani don kawai an yi musabaha a gindin bishiya. A watan Yuli na shekarar 2025 ƙungiyar likitoci ta MSF ta ba da sanarwa cewa yara 652 sun mutu a cibiyoyinta na Jihar Katsina cikin wata shida saboda tamowa. A irin wannan ƙasa ce ake zaton wani jami'in bincike zai taso daga hedkwata da jaka da fom, ya bi shago shago yana duba lasisi? Ko lokacin da hanya ke lafiya bai zo ba.

Wanda ke zuwa kowa ya san shi. Shi ne mai mota da lasifika ran kasuwa, da mai jaka da ke bin gidaje, da wanda ɗan'uwa ya je birni ya dawo da lambar wayarsa da 'yan kwalabe. Mai homiyofati yayansu ne da ya yi boko: ba ya ihu, ba ya batsa, yana da kujera da teburi, yana sauraron majinyaci rabin sa'a yana gyaɗa kai, abin da likitan babban asibiti mai layin mutum ɗari a ƙofa ba zai iya ba. Wannan sauraro shi ne ainihin hajarsa, kuma muna shaida cewa haja ce mai daɗi. Sai dai sauraro ba ya kashe ƙwayar cutar da sauro ya zuba a jini.

A nan ne za a ce mana, to ai in ruwa ne da sukari, ba ya cutarwa. Wanda ya faɗi haka bai taɓa ganin yaro ɗan shekara biyu da zazzaɓin damina ba. Nijeriya ita kaɗai ke ɗauke da kimanin kashi ɗaya cikin huɗu na masu kamuwa da zazzaɓin cizon sauro a duniya, kuma irin wanda ke ƙasarmu yana iya hawa kan yaro ya kai shi ga suma da jijjiga cikin kwana ɗaya ko biyu. Maganinsa sananne ne, na kwana uku ne, kuma yana aiki in an fara da wuri. Uwar da aka ba ƙwayoyin sukari aka ce ta jira, in jikin ya ƙara zafi wai alama ce maganin na fito da cutar, an sace mata waɗannan kwanaki biyu ne. An kuma sace kuɗin motar zuwa Babban Asibitin Batsari, don akuyar da aka sayar ba a sayar da ita sau biyu. Haka mai tarin fuka da ya ajiye ƙwayoyinsa na wata shida, haka mai ciwon sukari, haka mace mai ƙari a mama da za a iya cirewa bara, bana kuwa sai addu'a. Ruwan bai kashe kowa ba, jiran ne ya kashe.

Akwai kuma abin da ya fi wannan muni. Da yake mai sana'ar ya san kwalbarsa ba ta saukar da zazzaɓi, sau da yawa sai ya haɗa da allura da ƙarin ruwa da ƙwayoyin asibiti waɗanda bai koyi awonsu ba, in Allah ya sa an warke yabo ya tafi ga kwalba. Indiya, ƙasar da ta fi kowa yawan masu homiyofati, mai kwalejoji da rajista da ma'aikatar gwamnati dominsu, ta sha wannan. A 1996 Kotun Ƙolinta ta yanke hukunci a kan wani mai homiyofati mai cikakkiyar rajista wanda ya rubuta wa majinyaci magungunan asibiti, majinyacin ya rasu. Kotu ta ce shiga fannin da mutum bai koya ba sakaci ne a kan kansa, ba sai an nemi wata hujja ba. Wancan yana da rajista. Rajistar ba ta ceci mamacin ba.

Wani zai ce, ni na sha na warke. Mun yarda ka warke, Allah ya ƙara lafiya. Mura ma tana tafiya cikin mako ko ka sha magani ko ba ka sha ba, ciwon baya yana zuwa yana lafawa, kuma mutum ya kan nemi magani ne ran da ciwo ya kai ƙololuwa, watau daidai lokacin da dama sauƙi ke tafe. Waɗanda ba su warke ba kuwa ba sa zuwa gidan rediyo ba da shaida. Wani kuma, cikin 'yan'uwanmu masu karatun lauya, zai ce ai mutum na da 'yancin zaɓar maganin da yake so. Gaskiya ne, har Kotun Ƙoli ta Nijeriya ta tabbatar a 2001, a shari'ar Kotun Ladabtarwa da Dokta Okonkwo, cewa baligi mai hankali yana da ikon ƙin magani ko da ƙin zai kai shi ga mutuwa. Amma waccan majinyaciyar ta san abin da ta ƙi, an gaya mata sakamakon. Wanda aka ce masa ruwa maganin farfaɗiya ne bai yi zaɓi ba, damfararsa aka yi. Kuma ita wannan kotu a 2019 ta ce iyaye ba su da ikon hana jariri maganin da zai ceci ransa. Yawancin waɗanda muke magana a kansu a Ruma ba su kai shekara biyar ba. Ba wanda ya shawarce su.

Hujjar da ta fi shiga ran jama'armu ita ce a ce musu likitocin asibiti 'yan koren kamfanonin Turawa ne, masu son kashe duk maganin da ba nasu ba. Ba mu raina wannan tsoro ba, don yana da tushe. Arewa ba ta manta da 1996 ba, lokacin da kamfanin Pfizer ya gwada maganin Trovan a kan yara masu sanƙarau a Kano, shari'ar da ba a sasanta da gwamnatin jihar ba sai 2009, a kan dala miliyan 75. Amma darasin Kano shi ne a tsananta bincike a kan duk mai ba yaranmu wani abu su haɗiya, Bature ne ko baƙar fata, kamfani ne ko mai jaka. Yaya za a yi a fake da zaluncin wani kamfanin Amurka don a sayar mana da tatsuniyar wani likitan Jamus? Maganin gargajiya na gaskiya ba ya tsoron awo, don akwai abu a cikinsa da za a auna. Kwinin daga ɓawon itace ya fito. Maganin zazzaɓin da ake sha yau daga wani ganye na ƙasar Sin aka tace shi, dangin tazargade, kuma Tu Youyou da ta yi aikin ta sami lambar Nobel a 2015. A nan gida cibiyar binciken magunguna ta Tarayya da ke Abuja ta ɗauki wani haɗin gargajiya mai masoro da kanumfari da ganyen karan dafi, ta gwada shi a kan masu amosanin jini, ta fitar da Niprisan. Saiwar da tsohuwa ke jiƙawa a Babban Duhu tana iya zama magani, tana iya zama guba, tana iya zama ba kome ba, kuma ɗakin gwaji zai iya rarrabewa. Kwalbar 30C in an kai ta ɗakin gwaji, sukari za a tarar.

Gidajen rediyo ma ba za mu ƙyale su ba. Tun 1974 dokar abinci da magunguna ta hana tallar wani abu a matsayin maganin wasu cututtuka da ta jera, har da ciwon daji da ciwon sukari da farfaɗiya. Kunna rediyo da dare ka ƙirga sau nawa ake karya ta kafin labaran ƙarfe goma. A kan kuma ɗaga lambar NAFDAC sama kamar takardar shaidar warkarwa, alhali lambar da hukumar ke fara ba irin waɗannan kayayyaki tana nufin an duba ba a ga guba ba ne kawai, shi ya sa ake rubutawa a jikin kwalin, da Turanci da ƙananan baƙaƙe, cewa hukumar ba ta tantance iƙirarin mai kayan ba. Wa ya taɓa fassara wa mutumin Gora wannan layi? A Ostareliya a 2014 Kotun Tarayya ta kama wani kamfanin homiyofati da laifin yaudara don ya rubuta cewa ƙwayoyinsa na iya maye gurbin allurar rigakafin tarin shiƙa, aka ci shi tara mai nauyi. Mu da muka ga yadda mashaƙo ya yi ta ɗibar yara a Kano da Katsina a 2023 saboda ƙarancin rigakafi, mun fi Ostareliya bukatar irin wannan hukunci.

Mun sani sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga, kuma mun san wanda ya bar bangon ya tsage. Dokar Lafiya ta Ƙasa ta 2014 ta ware aƙalla kashi 1 cikin 100 na kuɗin shigar Tarayya domin kiwon lafiya matakin farko. Muna so shugabannin ƙananan hukumomin Batsari da Safana su liƙa a ƙofar kowane ɗakin shan magani, da Hausa, nawa ya samu daga wannan asusu da abin da aka saya. Kama mai kwalba ba tare da an ajiye malamin asibiti da abin gwajin jini a madadinsa ba, kora ce kawai daga wannan ɗan damfara zuwa wancan.

Duk da haka a kama shi. Jihar Kano tana da hukuma ta musamman, PHIMA, mai sa ido a kan asibitoci masu zaman kansu, wadda ta sha garƙame na bogi. Muna kira ga Ma'aikatar Lafiya ta Jihar Katsina ta kai irin wannan sintiri har bakin Rugu, kada ya tsaya a cikin ganuwar birni. 'Yan majalisarmu na Tarayya, waɗanda ba sa ɓata hanyar Ruma lokacin zaɓe, su tashi su nemi a ɗaga tarar nan ta Naira 5,000, su kuma nemi a sake duba dokar 1992 tun daga tushe, ta yadda ba za a ba kowace hanyar magani hatimin hukuma ba sai ta kawo sakamakon gwaji kamar yadda ake nema ga kowace ƙwaya ta asibiti. Masu girma Sarkin Ruma da Yariman Katsina suna da abin da Abuja ba ta da shi, watau dagatai da masu unguwanni da suka san duk baƙon da ya kama hayar shago. Umarni guda ya isa: duk wanda ya kafa allon Dokta ya kawo lasisinsa na bana fada, a aika wa MDCN ta tabbatar.

Mu kuma hutu na tafe. Kowannenmu da ke karatun likita, ko haɗa magunguna, ko sinadarai, ko lauya, ya tafi gida da kwafin sashe na 17 a aljihu. Ya sami limamin unguwa da shugabar matan gari, ya ɗauko kofi biyu da tulun ruwa da ɗigon shuni, ya yi musu zagayen nan a gaban idonsu suna ƙirgawa. Shunin zai ɓace tun kafin zagaye na huɗu, sai ya gaya musu saura 26.